Maigida yana gida amma ba ya gida: a daina ɗora wa asiri laifin a finafinanmu

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon fili a jaridarka mai farin jini domin mu yi magana da masu shirya finafinan Hausa, na nan Gana da na Kano waɗanda mutanen Zango, wato unguwannin Hausawa da sauran Musulmi a biranen Gana, ke kallo a waya da talabijin. Akwai labarin da suke yawan taɓawa amma ba su cika yi masa adalci ba: magidancin da ya haura arba'in, ya doshi hamsin, sai a wayi gari ya zama baƙo a gidansa. Bai saki matarsa ba, bai yi tafiya ba, bai bar sallah ba. Da asuba zai fita, ba zai dawo ba sai yara sun yi barci. In ya zauna a tsakar gida ba abin da ke fitowa daga bakinsa sai "to" da "Allah ya kyauta". Cikin masu wannan wasiƙa akwai marubuta wasan kwaikwayo, da masu ɗaukar hoto da sauti, da ma'aikatan jinya, da masu sasanta ma'aurata, kuma bakinmu ya zo ɗaya a kan cewa yadda ake ba da wannan labari yana cutar da gidaje.

Ga yadda aka saba yi. Maigida ya canza, uwargida ta yi ta kuka, a yi waƙa biyu. Can kusa da ƙarshe sai a kawo malami ya tono laya a bakin ƙofa ko a ƙarƙashin murhu, maigida ya zabura kamar wanda ya farka daga barci ya ce "me ya same ni?", a gano kishiya ce ko budurwar waje ko uwar miji, kowa ya yafe wa kowa. Ba musun sihiri muke yi ba, Alƙur'ani ya ambace shi. Abin da ke damunmu shi ne matar da ke kallon wannan fim a Aboabo ko Sabon Zango, wadda mijinta ya yi wata takwas a wannan hali. Darasin da ta ɗauka shi ne ta kwashe ɗan jarinta ta kai wa mai duba, ta fara zargin maƙwabciya, alhali mijin ciwon sukari ne ke cinsa bai sani ba, ko bashi ne ya kai masa iya wuya, ko ciwon damuwa ne wanda ake maganinsa a asibiti. Wata shida za su wuce ana hayaƙi da rubutu, ba wanda ya auna jininsa.

Abin yana da suna a wajen masana. Wani likitan halayyar ɗan Adam haifaffen Kanada, Elliott Jaques, shi ya fara kiransa rikicin tsakiyar rayuwa a wata maƙala da ya buga a 1965, bayan ya bi tarihin masu zane da mawaƙa da marubuta ya ga yawancinsu aikinsu kan canza ko ya tsaya a ƙarshen shekarunsu na talatin, lokacin da mutum ke fara gane cewa mutuwa ta shafe shi shi ma. Daga baya masana tattalin arziki biyu, David Blanchflower da Andrew Oswald, sun nuna a 2008 cewa jin daɗin rayuwa kan sauka daga ƙuruciya zuwa tsakiyar shekaru sannan ya sake hawa, kuma binciken Blanchflower na 2020 a ƙasashe sama da 130 ya sami ƙasan ramin a wajen shekara 47 zuwa 48. Wannan ba cuta ba ce da likita zai rubuta a kati, kuma ba kowa ke faɗawa cikinta ba. Gaɓa ce ta rayuwa mai santsi. Mu kuwa tun kafin waɗannan masana muna karanta aya ta 15 a Suratul Ahƙaf, inda aka ambaci shekara arba'in da sunanta, aka koya wa mai ita addu'ar da ta haɗa iyayensa a sama da zuriyarsa a ƙasa. Marubucin da ya tsaya a kan wannan aya ya sami ginshiƙin labarinsa: mutum ne a tsakiya, na sama sun tsufa suna kallonsa, na ƙasa sun taso suna kallonsa, shi kuma ba wanda zai kalla. Babba juji ne, in ji Hausawa, amma ba a taɓa tambayar juji ko ya cika.

Fim ɗin da za a yi a Kumasi dole ya san irin kayan da ke kan mutumin Kumasi. Dokar haya ta 1963 ta ce kada mai gida ya karɓi kuɗin gaba fiye da na wata shida, amma kowa ya san na shekara ɗaya ko biyu ake nema, kuma a dunƙule. A Disambar 2022 hauhawar farashi ta kai kashi 54.1 cikin ɗari, abin da ke nufin ɗan kasuwa ya sayar da kaya da riba a takarda, ya koma sari ya tarar kuɗin ba su sayen adadin da ya sayar. Haka jari ke zagwanyewa ba tare da an yi asarar da za a nuna wa mutane ba. Gobarar kasuwar Kejetia ta Maris 2023 da ta kasuwar Adum ta Maris 2025 sun tayar da mutanen da suka yi shekara ashirin suna gina shago ɗaya. Makaniken Suame Magazine, unguwar masu gyaran mota ta Kumasi, da ya ƙware a tsofaffin injuna yana ganin motocin da sai da kwamfuta ake gano ciwonsu. Mafi yawan masu irin waɗannan sana'o'i ba su da fansho. A gefe guda ga tsaransa da suka tafi Jamus ko Italiya ko Amurka, waɗanda ake kira borga, sun dawo suna gini a Asokore Mampong da Sawaba, shi yana nan a ciki da falo ɗin da ya kawo amarya. Ɗansa ya gama sakandare yana zaman bes, wato majalisar samari. Abin da ya fi duka nauyi, wanda finafinai ba sa taɓawa, shi ne a ce tukunyar wake da shinkafa ko kokon da uwargida ke sayarwa ita ke ciyar da gidan yanzu. Kowa a gidan ya sani, ba wanda ke faɗa. Kunya ce ke korar yawancin waɗannan maza daga tsakar gidansu, ba ƙiyayya ba.

Janyewar tana da tsari, kuma marubucin da ya rikita tsarin masu kallo za su ji a jikinsu cewa ƙarya ake yi. Farkon abin da ke tafiya shi ne yanke shawara. A tambaye shi makarantar da za a sa yarinya, ya ce "duk yadda kika gani". Sai lokaci ya biyo baya: in ya fita sallar asuba ba ya dawowa, domin tsakanin shida da bakwai na safe ne ake maganar kuɗin cefane da kuɗin motar yara. Daga nan sai abinci. A ajiye masa kula, ya ce ya ci a waje, saboda tuwon da bai sayi masararsa ba ba ya wuce masa. Sai shimfiɗa: ya koma kwana a falo, wai zafi. A nan ne uwargida ke yanke hukuncin cewa akwai wata, alhali ciwon sukari da hawan jini, da ma wasu magungunan hawan jinin, suna rage ƙarfin namiji, kuma gara masa a zarge shi da neman mata da a san wannan. Bayan haka sai ya fara kauce wa suna da aure da addu'ar mamaci, domin kowanne da gudummawarsa. Waya tana kashe, ko tana ƙara yana kallonta. Faɗa kuwa a kan abin da bai kai ya kawo ba, yaro ya bar buta a hanya a yi masa dukan da ya wuce laifin. A ƙarshe sai ya nemi mafaka: wani masallaci, daga magariba har bayan isha har a kashe fitila, wani bes ɗin ataya cikin yaran da ya haifi kamarsu, wani cacar ƙwallo a waya, wani tiramadol, wani kuma ya ƙudurta ƙarin aure ko tafiya ƙasar waje, yana ganin sabon farawa zai wanke tsohon. Wannan tafiya takan ɗauki watanni, wani lokaci shekara biyu. Fim ɗin da ya sa mutum ya kwana lafiya ya tashi wani daban ya riga ya buɗe wa asiri ƙofa, don ba abin da zai bayyana irin wannan canji sai shi.

Kafin a rubuta shafi na farko, marubuci ya zaɓi wanne mutum yake nufi, domin mutum uku ne ke kama da juna daga nesa. Akwai wanda nauyi da kunya suka danne, wanda in aka sami hanyar biyan haya aka yi masa magana mai daɗi zai dawo. Akwai azzalumi, wanda yana da kuɗin, yana kashewa a waje, ya bar iyali da yunwa. Wannan ba tausayi yake buƙata ba, dokar yara ta 1998 ta wajabta masa ciyarwa kuma kotun iyali na iya tilasta shi. Akwai kuma mara lafiya. Alamomin ciwon damuwa sanannu ne: baƙin ciki ko rashin jin daɗin komai kusan kullum har mako biyu ko fiye, barci ya lalace musamman farkawa da tsakar dare a kasa komawa, cin abinci ya ragu, jiki ya mutu, tunani ya ƙi tsayawa wuri ɗaya, mutum ya riƙa ganin kansa ba shi da amfani, har ya fara cewa da ba ya nan da iyalinsa sun huta. A maza yakan fito da siffar fushi da ciwon kai da ciwon jiki fiye da kuka. Ma'aikatan lafiya suna da takardar tambayoyi tara da ake cikawa cikin minti biyar, makinta daga sifili zuwa 27, kuma daga 10 zuwa sama ana ɗaukar abin da muhimmanci. Fitowa guda a cikin fim, ta minti uku, da ke nuna ma'aikaciyar jinya tana yi wa maigida waɗannan tambayoyi, bayan an auna jininsa da sukarinsa, ta fi wa'azin minti goma amfani. A nuna gaskiyar maganin kuma: ba ya aiki a rana ɗaya, sai mako biyu zuwa shida, kuma ana ci gaba da sha aƙalla wata shida bayan an ji sauƙi. Da yawa daga cikin masu komawa gidan jiya waɗanda suka ajiye shi ne a mako na biyu suna cewa ba ya yi, ko a wata na biyu suna cewa sun warke.

Muna roƙon daraktoci su bar hoton nan na sarƙa da tsumma da dariya a bola a duk lokacin da aka ambaci lafiyar ƙwaƙwalwa. Shi ne ke sa magidanci ya ce "ni ba mahaukaci ba ne" in an ce ya ga likita. Ba sai an je asibitocin ƙwaƙwalwa na Pantang ko Ankaful ba. Asibitin koyarwa na Komfo Anokye yana da sashen wannan, kuma asibitocin gundumomi suna da ma'aikatan jinya da aka horar a kai, ƙarƙashin dokar lafiyar ƙwaƙwalwa ta 2012. Idan labarin ya kai ga tunanin kashe kai, kada a nuna hanya, kada a nuna abin da aka yi amfani da shi, kada a sa kiɗa mai daɗi a kai. An tabbatar cewa nuna hanya yana sa masu rauni su kwaikwaya. A sani kuma cewa tun 2023 majalisar dokokin Gana ta cire yunƙurin kashe kai daga jerin laifuka, don haka kada a rubuta ɗan sanda yana kama mutumin, kada a tsorata iyalin da ke son kai nasu asibiti. Haka tiramadol: na asibiti miligiram 50 ne ko 100, wanda ake sayarwa a ɓoye yakan kai 225 ko 250, kuma yana jawo farfaɗiya. In za a nuna shi a nuna wannan, ban da yadda yake sa mutum jin ƙarfi.

Ta fuskar addini, kuskuren da aka fi yi shi ne a tara wa uwargida dukkan wa'azin. Ki yi haƙuri, aljannarki tana ƙarƙashin ƙafarsa, shi ke nan an tashi. Alhali aya ta 128 a Suratun Nisa'i ta yi maganar matar da ke tsoron bijirewa ko juya baya daga mijinta, ta buɗe ƙofar sulhu, aya ta 129 ta hana a bar mace kamar abin da aka rataye, aya ta 35 ta ce a tayar da mai sasantawa daga danginsa da mai sasantawa daga danginta. Aya ta 226 a Baƙara ta sa wa mai rantsuwar ƙaurace wa matarsa wa'adin wata huɗu. Ga kuma hadisin da ke cikin Bukhari: Salmanul Farisi ya ziyarci Abu Darda'i ya tarar da matarsa ba ta kula da kanta, ta ce ɗan'uwanka ba shi da buƙatar duniya, Salmanu ya sa shi ya karya azumin nafila, ya hana shi tsayuwar dare har sai ƙarshensa, ya ce masa Ubangijinka yana da haƙƙi a kanka, ranka yana da haƙƙi a kanka, iyalinka suna da haƙƙi a kanka, Annabi (SAW) kuma ya gaskata Salmanu. Duk wanda zai rubuta maigidan da ya ɓuya a masallaci, ga maganin a hannunsa. Limamin da zai lura cewa mutumin nan kullum shi ne na ƙarshen fita, ya zauna kusa da shi ya ce "Alhaji, yaya gida?", ya fi mai tono laya kusa da abin da ke faruwa a unguwanninmu.

Yanzu ga aikin kansa. Wahalar wannan fim ita ce jaruminsa ba ya magana, kuma mutumin da ba ya magana ba ya yin komai zai sa 'yan kallo su ɗauki waya cikin minti goma. Marubuta kan gudu daga wannan ta hanyar sa shi ya yi ta magana da zuciyarsa a bayyane, ko ya rera waƙa a bakin rafi. Duk biyun suna kashe fim ɗin, domin namijin da ya yarda cewa ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba ba zai buɗe wa kyamara cikinsa ba. Abin da ke aiki shi ne a ba shi wani abu da yake ɓoyewa da kuma ranar da asirin zai tonu. A ce bashi ne, kuma wa'adin haya zai cika kafin babbar sallah. Ragon layya agogo ne da kowane ɗan Zango ya iya karantawa: a fara fim ɗin da sallar da ya yanka rago, a ƙare da ta bayanta, wata goma sha biyu, kowa zai riƙa lissafi da kansa ba sai an gaya masa ba. Sannan a zaɓi idon da za a kalli labarin da shi. Idon uwargida ko na 'yarsa mai shekara goma sha biyar ya fi nasa, domin su ne ke ganin ƙofa tana rufewa ba su san dalili ba, kuma rashin sanin nasu shi ke riƙe mai kallo. Kada a mayar da uwargida mai kuka kawai. Tana tashi ƙarfe uku ta ɗora tukunya, tana zuba adashi, tana jin haushi, wani lokacin tana faɗin maganar da ke ƙara tura shi waje, kuma tana da gaskiyarta.

A nemi abu ɗaya na yau da kullum a maimaita shi sau huɗu ko biyar a cikin fim ɗin, kyamara tana wuri ɗaya, abin yana canzawa kaɗan-kaɗan. Kular abincinsa ta isa. Karo na farko ya ci da ƙaramin ɗansa a gefe. Na biyu ya ci rabi shi kaɗai. Na uku an wayi gari ba a buɗe ta ba, uwargida ta juye wa yara. Na huɗu ba a ma ajiye ba, ya dawo ya kalli wurin da take zama. Wannan kallo, in ɗan wasan ya iya, shi ne tsakiyar fim ɗin, kuma ba a kashe ko sidi ɗaya a kansa ba.

Shafi ɗaya na rubutun fim yana daidai da minti ɗaya a allo, don haka fim na awa ɗaya da rabi shafi 90 ne, fitowa kamar 50 zuwa 60. Irin wannan labari ba ya jure gaggawa. Shafi huɗu zuwa biyar a rana shi ne daidai, wato kwana ashirin na ɗauka. Masu ɗaukar shafi goma sha biyar a rana suna iya yi ne saboda 'yan wasa suna tsaye suna ta zuba magana, a nan kuwa ana jiran fuska ne. In kuɗin ba su kai ba, gara a yi na minti talatin a wuri uku, gida da shago da ƙofar masallaci, cikin mako ɗaya, da a ja shi zuwa kashi ashirin a cika da surutu. Bayan ɗan wasa ya gama maganarsa kada darakta ya tsayar da ɗauka nan take, a bar kyamara ta ƙara daƙiƙa takwas zuwa goma. A wajen tacewa za a ga cewa abin da ake nema yana cikin waɗannan daƙiƙoƙi. A ɗauki ɗan wasan da shekarunsa suka kai, a bar shafa wa saurayi hoda a gemu. Tunda ba a jere ake ɗaukar fitowa ba, mai kwantiniti, wato mai lura da daidaiton kaya da kama daga fitowa zuwa fitowa, ya riƙe hoton gemu da hula da riga na kowane wata na labarin. Ramewa kuwa ba sai an sa mutum yunwa ba: a ɗinka riga iri ɗaya kala ɗaya guda biyu, ta biyun ta fi faɗi a wuya da kafaɗa, a sa masa ita a rabin ƙarshe.

Sauti ne ke kayar da yawancin finafinanmu, kuma fim ɗin shiru ya fi kowanne dogara da shi. Gidan haya a Zango ba ya shiru: ana daka, ana wanki, pragya, wato keke mai ƙafa uku, na wucewa, rediyon maƙwabci na yi, lasifikar masallaci sau biyar. A tsara jadawalin ɗauka a kan lokutan sallah tun farko, a yi magana da mutanen gidan kwana biyu kafin a zo, a biya matan da za a dakatar wa sana'a. Makirfo ya kasance a kan sanda, kamu biyu sama da kan mai magana, kada a dogara da na jikin kyamara. Janareta ya yi nisan mita talatin ko fiye, bayan bango. A kashe fanka da firji. Masu aikin kan ajiye makullin mota a cikin firjin don kada a tafi a manta ba a kunna wa masu gida ba. A kowane ɗaki, kafin a kwashe kaya, kowa ya yi tsit a naɗi minti ɗaya na sautin ɗakin kawai. Wanda bai yi haka ba, in ya zo tacewa duk inda aka yi shiru sai sautin ya mutu ɗif kamar an cire waya, sai ya rufe da kiɗa, kiɗan kuma ya cinye shirun da aka yi fim ɗin dominsa. Ruwan sama a kan kwano ba ya barin a ji magana, don haka fitowar cikin ɗaki a kauce mata daga Afrilu zuwa Yuli da kuma Satumba zuwa Oktoba, sai in ruwan ake so. Hazon hunturu, daga Disamba zuwa Fabrairu, yana ba da haske mai laushi da ya dace da rabin ƙarshe na labarin.

Wutar Gana tana bugawa sau 50 a daƙiƙa, saboda haka a saita kyamara a hoto 25 a daƙiƙa da saurin rufewa ɗaya bisa 50, in ba haka ba fitilun ɗaki za su riƙa ƙyafta ido a hoton kuma gyaransa wahala ne. Rana tana faɗuwa wajen ƙarfe shida duk shekara, kuma hasken magariba bai fi minti ashirin ba, a shirya komai tun biyar. Ɗakunanmu ƙanana ne, sai mai ɗauka ya sa wa kyamara gilashi mai ɗaukar faɗi ya matso, fuska ta kumbura. Gara ya fita ya ɗauka ta ƙofa ko ta gefen labule da gilashin milimita 50. Hakan ma ya fi dacewa, domin haka iyalinsa ke ganinsa, daga nesa, ta tsakanin abubuwa. Kowane dare a kwafe abin da aka ɗauka a ma'aji biyu, a ajiye su a gida biyu.

Harshe kuma a bar shi yadda yake. Mutumin unguwar Akwatia Line a Kumasi ba ya Hausar Kano, yana cewa "ya zo" ko mace ce ta zo, yana tsoma Tiwi, harshen Asantawa, a kasuwa, 'ya'yansa suna tsoma Turanci. In aka tilasta wa 'yan wasa Hausar da ba tasu ba, hankalinsu zai koma kan nahawu ya bar fuska. A sa fassara a ƙasan allo, layi biyu kawai a lokaci guda, don 'yan kallo na Kano da Yamai da maƙwabtanmu Asantawa. Kafin a haska wa jama'a a kai wa hukumar finafinai ta ƙasa ta sa masa matakin shekaru, kamar yadda dokar 2016 ta tanada.

Saura ƙarshen labarin, inda aka fi faɗuwa. Kada kuɗi su faɗo daga sama, kada wani attajiri ya zo ya biya bashin, kada a tara dangi a falo maigida ya durƙusa yana neman gafara. Namijin da kunya ta kora, taron jama'a ƙara korarsa yake. A zahiri mutum ɗaya ne ke jawo shi, wansa ko amininsa ko liman, kuma ba a zaune fuska da fuska ba, a tafe, bayan isha, ko a cikin mota. Ba a ce masa "me ke damunka?", don amsar "ba komai" ce. Ana ce masa "yaya barci kwanan nan?", ko "zo ka raka ni a auna mini jini, kai ma a auna ka". Ƙarshen da ya dace ƙarami ne: ya zauna a bakin gado ya ce "Hajiya, bashin da ke kaina kaza ne", ya faɗi adadin, ita ta yi shiru ta fara lissafi. Haya ba a biya ba tukuna, rago ba a saya ba, wataƙila an haɗa kuɗi da maƙwabta an shiga saniya. Bayan hoton ƙarshe a rubuta inda ake samun taimako a Kumasi da Ankara babban birnin Gana, kuma furodusa ya kira kowace lamba da kansa ya tabbatar ana ɗauka kafin ya sa ta.

Kafin a saki fim ɗin a haska wa mutum goma sha biyar maza 'yan shekara 40 zuwa 60, a wani zama daban kuma mata goma sha biyar, kada a haɗa su, don ba za su faɗi gaskiya a gaban juna ba. A tambaye su a wane minti suka gane abin da ke damun mutumin, wa suka ɗora wa laifi, kuma in a gidansu ne wa za su fara kira. In mafi yawansu suka ce mai duba, a koma ɗakin tacewa.

Mun gode da filin da ka ba mu. Wassalam.

Daga wasu marubuta, ma'aikatan fim, ma'aikatan jinya da masu sasanta aure,
Aboabo da Asawase, Kumasi, Gana.